Rayuwar fararen hula a biranen da aka yi wa ƙawanya ko mamaya a yaƙin basasa

Ƙawanya ita ce dakaru su kewaye birni su toshe hanyoyinsa, ba shiga ba fita sai da yardarsu, har masu tsaronsa su miƙa wuya ko a ci su da yaƙi. Mamaya kuwa ita ce abin da ke biyo baya idan birnin ya faɗi, wato waɗanda suka ci shi su zauna a cikinsa suna mulkin mutanen da jiya suke wa kallon abokan gaba. A yaƙin basasa duka biyun na da wani ɗaci na daban, domin mai harbi da wanda ake harbi 'yan ƙasa ɗaya ne, sau da yawa harshensu ɗaya, wani lokaci ma aji ɗaya suka zauna. Mai igwa a kan tudu ya san inda ake layin burodi, ya san inda ake ɗiban ruwa, don shi ma a garin ya tashi.

Birni ba ya ciyar da kansa. Hatsinsa daga karkara yake zuwa, ruwansa daga tashar da ke bayan gari, wutarsa ta wayoyin da suka ratso daji. Saboda haka wanda ya riƙe ƙofa ya riƙe ran mutanen ciki, kuma yawancin abin da aka rubuta kan wannan rayuwa labarin ƙofar ne: wa ke tsaron ta, nawa ake biya a wuce, wa aka bari ya fita, wa aka mayar. Misalan da aka fi nazari sun haɗa da Vicksburg da New Orleans a Amurka, Madrid a Sifaniya, Changchun a Sin, Bairut a Labanan, Sarayebo a Bosniya, Kuito a Angola, garuruwan Siriya, Ta'iz a Yaman da Al-Fashir a Sudan.

Vicksburg, 1863

Vicksburg ƙaramin birni ne a kan tudun da ke kallon kogin Misisifi, kuma mutanensa ba su wuce kimanin 5,000 ba a lokacin. A yaƙin basasar Amurka, dakarun Arewa ƙarƙashin Janar Grant sun rufe shi daga 18 ga Mayu 1863, jiragen ruwa na luguden wuta daga kogi, igogi na yi daga tudu, har aka miƙa wuya ranar 4 ga Yuli, bayan kwana 47. Ƙasar wurin mai laushi ce amma tana tsayawa idan an haƙa, don haka mazauna suka tona koguna fiye da 500 a jikin tuddai. Masu hali suka biya aka haƙa musu masu ɗakuna, sau da yawa bayinsu ne suka yi aikin, suka shigar da gadaje da darduma da kujeru. Ana dafa abinci a bakin kogo, da an ji ƙarar igwa a ruga ciki.

Da naman shanu ya ƙare, naman alfadari ya shigo kasuwa. Takardar buga jarida ma ta ƙare, sai jaridar garin, Daily Citizen, ta koma bugawa a bayan takardar ado da ake mannawa a bango. Fitowarta ta ƙarshe na ɗauke da kwanan watan 2 ga Yuli. Sojojin da suka shiga garin sun tarar da ita a kan injin, suka ƙara 'yan layuka nasu suka buga. Abin mamaki, fararen hular da aka tabbatar luguden wuta ya kashe ba su wuce goma sha wani abu ba. Kogunan sun yi aikinsu, kuma ƙawanyar ba ta daɗe har yunwa ta fara kisa da yawa ba.

Madrid, 1936 zuwa 1939

Dakarun Janar Franco sun iso gefen Madrid a Nuwamba 1936, gwamnati ta koma Valensiya, birnin Madrid kuma ya ƙi faɗuwa sai 28 ga Maris 1939. Ba a taɓa rufe shi ruf ba, hanyar Valensiya ta zauna a buɗe, amma hanya ɗaya ba ta ciyar da mutum kusan miliyan, ga 'yan gudun hijira da suka kwararo daga ƙauyuka da jakunansu da awakinsu. Fagen daga na nan a harabar jami'a da dajin shaƙatawa na Casa de Campo, kusa ƙwarai har mayaƙa kan tafi bakin daga a jirgin ƙasan cikin gari. Tashoshin jirgin ƙasa na ƙarƙashin ƙasa suka zama ɗakin kwanan dubban iyalai. An kwashe manyan zane-zanen gidan tarihi na Prado zuwa Valensiya, daga baya har Janiba. An yi ta liƙa sanarwar mutane su bar garin, aka tura dubban yara gabas da ƙasashen waje, amma manya da yawa suka ƙi motsawa don tsoron rasa gidajensu.

Abincin da ya riƙe garin shi ne adas, wani ƙanƙanin wake, har mutane suka yi masa laƙabi da ƙwayoyin maganin Dakta Negrin, saboda firaministan lokacin, Juan Negrin, likita ne. A hunturun ƙarshe rabon da ake ba mutum ya faɗi ƙasa da kalori 1,000 a rana. Likitocin garin, cikinsu har da Francisco Grande Covian, sun rubuta yadda cutar felagara ta yaɗu, mai sa fata ta ƙone, ciki ya ɓaci, hankali ya gushe, kuma bayanansu na cikin mafi inganci da ake da su kan abin da doguwar yunwa ke yi wa birni.

A Madrid ne kuma kalmar "runduna ta biyar" ta yi suna. Ana danganta ta ga Janar Mola na ɓangaren Franco, wanda aka ce ya yi alfaharin cewa runduna huɗu na tunkarar birnin, ta biyar kuma na ciki tana jira. Maganar ta jawo wa mutanen ciki bala'i. Zargi ya yi yawa, aka riƙa ɗauke mutane da dare, dubbai suka fake a ofisoshin jakadanci, kuma a Nuwamba da Disamba 1936 aka kwashe fursunoni fiye da 2,000 aka harbe a Paracuellos da kewaye. Har yanzu ana jayayya kan wanda ya ba da umarnin.

Changchun, 1948

Babu inda batun ƙofa ya fito ƙarara kamar Changchun. Dakarun kwaminis ƙarƙashin Lin Biao sun kewaye rundunar gwamnatin Kuomintang daga wajen Mayu zuwa Oktoba 1948. Masu tsaron birnin suka fara korar fararen hula don abinci ya ishi soja; masu ƙawanya suka ƙi barin su wuce don su ci gaba da zama nauyi a kan na ciki. Dubun dubatar mutane suka maƙale a wani fili tsakanin shingayen ɓangarorin biyu, gaba kura baya sayaki, suna cin ciyawa da ɓawon itace. Sai daga baya aka fara sakin su kaɗan-kaɗan. Ƙiyasin da aka fi ambata shi ne mutum 150,000 suka mutu, wasu na cewa ƙasa da haka, wasu sun ninka. Kusan duka yunwa ce ta kashe su.

Sarayebo, 1992 zuwa 1996

Ƙawanyar Sarayebo ta ɗauki kwana 1,425, daga 5 ga Afrilu 1992 zuwa 29 ga Fabrairu 1996, kuma ita ce aka fi adana bayananta. Ana saɓani kan ko yaƙin Bosniya na basasa ne ko na ƙasa da ƙasa. Kotun laifukan yaƙin Yugoslabiya da ta zauna a Heg ta ga alamun duka biyun. Birnin na kwance a kwari, dakarun Sabiyawan Bosniya na kan duwatsun da ke kewaye. Masu sa ido sun ƙirga matsakaicin harsasan igwa 329 a rana, kuma ranar 22 ga Yuli 1993 kaɗai an ƙirga 3,777.

Rana na farawa da neman ruwa. Famfo ya dogara da lantarki, lantarki kuma da manyan rijiyoyin garin suna hannun masu ƙawanya, don haka mutane kan ɗora jarkoki a keken jarirai ko amalanke su yi tafiyar kilomitoci zuwa tsohon kamfanin giya, wanda ke da maɓuɓɓuga a ƙarƙashinsa. Layi shi ne wuri mafi haɗari a garin. An kashe mutane a layin burodi ranar 27 ga Mayu 1992, an kashe a layukan ruwa, kuma harsashi ɗaya ya kashe mutum 68 a kasuwar Markale ranar 5 ga Fabrairu 1994. Wani harin a wuri ɗaya ya kashe 43 a Agusta 1995. A mahaɗar tituna aka jera kwantenoni da ƙonannun motoci don kare masu wucewa daga maharban ɓoye, aka rubuta gargaɗi a bango. Kowa ya koyi wace kwana ake ƙetarewa da gudu, kuma an ce na uku a jerin masu gudu ya fi shiga haɗari, don na farko ya ankarar da maharbi, na biyu ya ba shi damar saiti.

Hunturun farko ya cinye itatuwan lambuna da na gefen titi. Bayan su aka koma ƙona katakon daɓe, ƙofofi, tsofaffin takalma da littattafai, a cikin murhun da aka ƙera da gwangwani. Gilasan tagogi sun farfashe, aka maye gurbinsu da ledar hukumar 'yan gudun hijira ta Majalisar Ɗinkin Duniya. Haske kuwa sai aci-bal-bal: kofi, ɗan ruwa, ɗan mai da lagwani.

Abinci ta sama yake zuwa. Daga Yuli 1992 zuwa Janairu 1996 jirage sun yi sawu kusan 13,000 suka sauke kimanin tan 160,000, jigilar agaji mafi daɗewa da aka taɓa yi ta sama. Amma filin jirgin na aiki ne da yardar masu ƙawanya, waɗanda ke karɓar kasonsu, kuma sojojin Majalisar da ke tsaron sa na mayar da duk wanda suka kama yana ƙetare titin jirgi da dare don ya tsere. Wannan ya sa wasu masana ke cewa agajin ya hana mutuwa kuma ya tsawaita ƙawanyar a lokaci guda. A tsakiyar 1993 aka gama haƙa rami mai tsawon kimanin mita 800 a ƙarƙashin filin jirgin, daga Dobrinja zuwa Butmir, tsayinsa bai fi mita ɗaya da rabi da ɗoriya ba, sai an sunkuya. Ta nan makamai da abinci da mai da waya suka riƙa shiga. Soja ne ke ba da izinin wucewa, 'yan kasuwa kuma na sayen lokaci. Kuɗin ƙasa ya mutu, ciniki ya koma da makin Jamus da taba. Har sojoji da ma'aikata ana biyan su da sigarin kamfanin garin. Wani naman gwangwani na agaji mai suna ICAR ya yi ƙaurin suna wajen rashin daɗi, har bayan yaƙi aka gina masa gunki don ba'a.

Wahalar ba daga dutse kaɗai ta zo ba. A farkon yaƙi wasu shugabannin 'yan daba ne suka tsare garin, suka kuma ci karensu babu babbaka: ƙwace motoci da gidaje, kama maza a titi a kai su haƙa ramukan yaƙi a bakin daga. Mutanen Mušan Topalović, wanda ake kira Caco, sun kashe fararen hula, akasarinsu Sabiyawa, suka jefa su a ramin Kazani. Gwamnati ta murƙushe shi a Oktoba 1993. Gwamnatin kanta ta hana maza masu shekarun yaƙi fita, don birnin da ya zama kango ba shi da abin karewa.

Kasuwar ƙofa

Ƙawanyar da ta wuce 'yan watanni takan haifi kasuwa, kuma masu cin ribarta na ɓangarorin biyu. A Guta ta Gabas, bayan garin Dimashƙa a Siriya, inda Majalisar Ɗinkin Duniya ta ƙiyasta mutum 400,000 a rufe daga 2013 zuwa 2018, kaya na shiga ta shingen Wafidin ta hannun wani ɗan kasuwa mai kamfanin madara da cuku, yana biyan jami'an gwamnati a waje, ƙungiyoyin 'yan tawaye na karɓar nasu a ciki. Akwai kuma ramuka zuwa unguwannin Ƙabun da Barza, waɗanda 'yan tawaye ke riƙe da su suna karɓar haraji. Da gwamnati ta ƙwace unguwannin a 2017, farashi ya yi tashin gwauron zabi kuma tamowa ta bayyana a jikin yara. Magoya bayan gwamnati sun riƙa rubuta taken "ko yunwa ko durƙuso" a bango. A Oktoba 2013 wasu malamai a kudancin Dimashƙa sun ba da fatawar halatta cin kyanwa da kare da jaki ga wanda yunwa ta kai maƙura.

Madaya, wani gari a Siriya mai kimanin mutum 40,000, an kewaye shi da nakiyoyi daga Yuli 2015. An ruwaito kilo ɗaya na shinkafa ya haura dala 200, kuma ƙungiyar likitoci ta MSF ta ce mutum 23 sun mutu da yunwa a asibitin da take tallafawa cikin kimanin makonni biyar. Bayan wanda ya shiga a Oktoba 2015, agaji bai sake shiga ba sai 11 ga Janairu 2016, bisa sharaɗin ba ni gishiri in ba ka manda: duk motar da ta shiga Madaya sai irinta ta shiga Fu'a da Kafaraya, garuruwa biyu masu goyon bayan gwamnati da 'yan tawaye suka rufe a Idlib.

A yaƙin basasar Najeriya na 1967 zuwa 1970 yanki ne gaba ɗaya aka toshe, amma tsarin ɗaya ne. Mata sun riƙa ƙetara bakin daga da dare suna sayo gishiri da kifi, cinikin da aka sa wa suna "afia attack", jiragen agajin coci-coci daga tsibirin Sao Tome kuma na sauka da dare a kan titin mota da aka mayar filin jirgi a Uli. A Ta'iz, daga 2015, tafiyar da ba ta fi minti 15 ba zuwa Hauban ta koma ta awa shida ko fiye ta kan duwatsu, an kuma yi lokacin da jakuna da raƙuma ke hawa da tukwanen iskar numfashi zuwa asibiti. A Al-Fashir, wanda dakarun RSF masu yaƙar sojojin Sudan suka rufe daga wajen Mayu 2024 har suka ci shi a 26 ga Oktoba 2025, an kewaye garin da ganuwar ƙasa, mutane suka koma cin ambaz, wato tunkuzar gyaɗa da ake ba dabbobi, har ita ma ta gagari talaka.

Wuta da mai

Inda mai ya yanke, dabara kan fito. A Guta an narkar da robobi an tace mai daga cikinsu, aiki mai hayaƙi da ƙuna. An haɗa batirin mota da keke don cajin waya. A Bairut janareton unguwa da ake biya wata-wata ya samu gindin zama a lokacin yaƙin 1975 zuwa 1990, bai kuma tafi ba bayan an yi sulhu.

Asibiti da maƙabarta

Asibitoci kan koma ƙarƙashin ƙasa. A gabashin Halab (Aleppo) ta Siriya a 2016, bayan an datse hanyar Kastelo a Yuli, likitocin da suka rage ba su wuce kimanin 30 ba ga mutum fiye da 250,000, kuma an yi ta kai wa asibitocin hari. Masu ciwon suga da na ƙoda da masu naƙuda kan mutu shiru, ba sa shiga lissafin waɗanda yaƙi ya kashe. Zuwa maƙabarta kan gagara: a Sarayebo an mayar da filin ƙwallon da ke gefen filin wasan Olimfik maƙabarta, ana jana'iza da asuba ko da dare, a Kuito, a ƙawanyar 'yan tawayen UNITA ta 1993, an binne mutane a tsakar gida da lambuna.

Makaranta, jarida da nishaɗi

Kusan duk inda aka daɗe a rufe, an yi makaranta. A Sarayebo malamai sun tara yara a ƙasan bene da matattakalar gidaje. Jaridar Oslobođenje ta ci gaba da fitowa daga mafakar ƙarƙashin ginin ta da aka rusa, an yi wasan kwaikwayo da hasken kyandir, an yi gasar sarauniyar kyau a 1993, kuma bikin fina-finan garin ya samo asali ne a 1995 ana tsakiyar yaƙi. Babban ɗakin karatu na ƙasa kuwa ya ƙone a Agusta 1992. A Daraya ta Siriya matasa sun tsamo littattafai kimanin 14,000 daga rusassun gidaje suka buɗe ɗakin karatu a ƙarƙashin ƙasa, suna rubuta sunan mai kowane littafi a ciki don a mayar masa. A Bairut, mai gabatarwa a rediyo Sharif al-Akhawi ya yi suna da sanar da masu sauraro kowace safiya hanyar da ke "biyuwa kuma lafiya". Marubuta na son waɗannan labarai fiye da kima, har su kan rufe gaskiyar cewa mafi yawan wunin mutum a layi da ɗaukar jarka yake ƙarewa.

Mamaya

New Orleans, birni mafi girma a Kudancin Amurka da mutum kimanin 168,000, ya faɗi a hannun dakarun Arewa a Afrilu 1862, kuma mulkin Janar Benjamin Butler na watanni bakwai zuwa takwas ya zama abin misali. Ya rataye William Mumford ranar 7 ga Yuni saboda sauke tutar tarayya. Ya rufe jaridu, ya kori limaman cocin da suka ƙi yi wa shugaban ƙasa addu'a, ya hana kuɗin 'yan aware, ya tilasta rantsuwar biyayya. Wanda ya ƙi, a rubuta shi a matsayin maƙiyi, dukiyarsa na cikin haɗari. Matan garin suka ɗauki nasu salon: juya baya, tofa yawu, fita daga coci idan soja ya shigo. Sai ya fitar da Doka ta 28 ranar 15 ga Mayu, cewa duk macen da ta wulaƙanta soja za a ɗauke ta a matsayin karuwa mai neman kasuwa. Dokar ta tayar da ƙura har majalisar Ingila, 'yan Kudu suka sa masa suna "Dabba". Shi ɗin ne kuma ya ɗora haraji a kan attajiran da suka ba da kuɗin yaƙi ya ciyar da talakawa, ya ɗauki marasa aiki suka share magudanan ruwa, ya killace jiragen da ke shigowa, kuma zazzaɓin shawara da ya saba kashe dubbai bai yi ɓarna ba a shekarun mamayar. Ga bayi, abin da iyayengijinsu ke kira mamaya ƙofar 'yanci ce: dubbai suka gudo cikin birnin, kuma a Satumba 1862 aka kafa rundunar baƙaƙen fata ta Luwiziyana. A Atlanta, Janar Sherman bai tsaya mulkin kowa ba. A Satumba 1864 ya umarci mazauna su fice.

Abin da ya fi bambanta mamayar yaƙin basasa shi ne tantancewa. Baƙon soja bai san kowa ba, amma ɗan ƙasa na da maƙwabcin da zai nuna masa gida. Bayan faɗuwar Madrid an nemi masu gadin gidajen haya su ba da bayani kan mazauna, Dokar Alhakin Siyasa ta Fabrairu 1939 ta hukunta mutane kan abin da suka yi tun 1934, kuma an harbe kusan mutum 3,000 a jikin katangar Maƙabartar Gabas zuwa 1944. Katin rabon abinci bai ƙare a Sifaniya ba sai 1952. A Bairut a lokacin yaƙin katin shaida na nuna addinin mutum, kuma a ranar da ake kira Baƙar Asabar, 6 ga Disamba 1975, an kashe mutane a shingaye bisa abin da ke rubuce a katin. A Najeriya dakarun Biyafara sun riƙe Benin kimanin makonni shida daga Agusta 1967. Da sojojin tarayya suka dawo an kashe Igbo mazauna garin, a Asaba kuma an tara maza an harbe a farkon Oktoba. Adadin na tsakanin ɗaruruwa da sama da 1,000, gwargwadon wanda aka tambaya.

Gida shi ne ganima ta farko. A unguwar Grbavica ta Sarayebo, a Fatakwal bayan 1968 inda aka kira gidajen Igbo "dukiyar da aka yasar", da Khartum daga Afrilu 2023 inda mayaƙan RSF suka tare a gidajen mutane suka kwashe motoci, wanda ya gudu ya dawo ya tarar da wani a ɗakinsa ko ya tarar da bango kawai. Fyaɗe ya kasance a dukkan waɗannan yaƙe-yaƙe, kuma shi ne abin da alƙaluma suka fi gazawa a kai. Wanda ya zauna kuma na da tasa matsalar: malamin makaranta ko ma'aikacin ruwa da ya ci gaba da aiki ƙarƙashin sababbin masu gari kan zama maci amana idan tsofaffin suka dawo. A Raƙƙa, daga 2014 zuwa 2017, ƙungiyar IS ta kafa 'yan hisba da haraji da takardar izinin tafiya, sannan yaƙin ƙwato garin ya rusa mafi yawansa. A Khartum da Omdurman matasan unguwanni ne suka riƙe jama'a da ɗakunan agajin gaggawa da tukwanen sadaka da ake kira takaya, da kuɗin da 'yan uwa ke turowa ta waya daga waje.

Doka

Da can doka na tare da mai ƙawanya. Ƙa'idojin Lieber, dokokin yaƙi na sojojin Amurka da Shugaba Lincoln ya sa wa hannu a Afrilu 1863 sun halatta sa maƙiyi yunwa, mai makami da marar makami, sun kuma yarda a kora fararen hula su koma cikin garin da aka rufe don a gaggauta faɗuwarsa. Sashe na 3 na Yarjejeniyoyin Janiba na 1949 ya kafa mafi ƙarancin kariya a yaƙin cikin gida, sannan Ƙarin Yarjejeniya ta Biyu ta 1977, a sashe na 14, ta haramta amfani da yunwa a kan fararen hula. Ƙawanyar kanta ba a haramta ta ba. Kwamitin Sulhu ya yi Allah wadai da dabarar sa fararen hula yunwa a ƙuduri mai lamba 2417 na 2018, kuma a Disamba 2019 aka ƙara ta cikin laifukan yaƙin basasa a dokar Kotun Manyan Laifuka ta Duniya, gyaran da ke aiki kawai a kan ƙasashen da suka amince da shi. Dokokin mamaya na Heg da Janiba an tsara su ne don yaƙi tsakanin ƙasashe, saboda haka mazaunin garin da 'yan ƙasarsa suka ci da yaƙi ba shi da cikakkiyar kariyarsu.

Hukunci ya yi ƙaranci. Kotun Yugoslabiya ta yanke wa Janar Stanislav Galić ɗaurin rai da rai a 2006, Janar Dragomir Milošević kuma shekara 29, saboda jefa tsoro a zukatan mutanen Sarayebo da igwa da harbin ɓoye. Kwashe mutane a korayen motocin safa daga Homs, Daraya, Halab da Guta, wasu na kiran sa sulhu, masu binciken Majalisar Ɗinkin Duniya sun kira na Halab korar dole.

Ƙidayar mamata

Alƙaluma sun fi inganci inda harsashi ya yi kisa, sun fi rauni inda yunwa da cuta suka yi. Wata cibiyar bincike a Sarayebo ta tattara sunayen mutum 13,952 da suka mutu a ƙawanyar, 5,434 daga ciki fararen hula. Na Biyafara ana ba da tsakanin 500,000 da miliyan biyu. Na Kuito ana cewa 20,000 zuwa 30,000. Bayan yaƙin ya ƙare a 2002 an tono kimanin gawa 7,000 daga gidaje da tituna aka mayar da su maƙabarta ɗaya a bayan gari. A Khartum an fara irin wannan aiki a 2025, ana tono waɗanda aka binne a filayen makarantu da ƙofar gidaje.